Adamu Halilu da Tambayar Asali



Al'adar zango ce tun kaka da kakanni, in baƙo ya sauka ba a tarye shi da tambaya. Sai an shimfiɗa masa tabarma, an kawo ruwa, ya huce gajiya, sa'an nan mai masauki ya dube shi ya ce, daga wace ƙasa? Tambaya ce mai sauƙi a baki, amma ba kowa ke iya kai amsarta ƙarshe ba. Mu mazauna Zangon Kwatano mun fi kowa sanin haka. A cikinmu akwai wanda zai jero kakanninsa har Kano ko Katsina ko Gobir. Akwai kuma wanda in ya wuce kaka na biyu sai ya yi shiru, ko don ba a gaya masa ba, ko don abin da aka gaya masa ba ya son a ji. Yau zan kawo tarihin wani bawan Allah da ya ɗauki wannan tambaya ya kai ta gaban na'urar ɗaukar hoto. Shi ne Alhaji Adamu Halilu, marubucin labarin fim kuma mai ba da umarni, wanda ya yi fim ɗin Shaihu Umar a shekarar 1976.

An haifi Adamu Halilu a 1936 a Garkida, can ƙasar Adamawa, nesa da ganuwar Kano da ta Katsina. Ya buɗe ido a zamanin majigi. Ga yaran yanzu da suka tashi da waya a hannu, majigi mota ce ta gwamnati mai yawo gari gari, ɗauke da injin wuta da farin ƙyalle. In magariba ta wuce sai a kafa ƙyallen a ƙofar fada ko a filin kasuwa, jama'a su taru babba da yaro, ba a biyan ko anini. Turawan Ingila ne suka kafa hukumar wannan aiki a 1939, farkon yaƙin duniya na biyu, don su riƙa nuna wa talakawan ƙasashen da suke mulka labarin yaƙi yadda suke so a ji shi. Da yaƙi ya ƙare, majigi ya koma wa'azin zaman duniya: tsabtar rijiya, shuka a jere, allurar rigakafi, biyan haraji. Tafinta na tsaye gefen mota da lasifika yana fassara wa mutane abin da idonsu ke gani. Dattawan Arewa har yanzu suna tuna Baban Larai, wanda aka shirya don jawo hankalin manoma ga auduga.

Abin lura a nan shi ne matsayin da majigi ya ba mutanenmu. Yawancin labaransa a kan mutum biyu ake gina su, mai wayo da wawa. Mai wayo ya bi shawarar hukuma ya ci riba, wawa ya tsaya kan abin da ya gada ya yi hasara. Watau ɗan ƙasa kullum almajiri ne a gaban malamin da bai san shi ba, kuma abin da ya taras a gidan ubansa shi ne kuskuren da za a gyara. A gidajen silima na kuɗi kuwa, tun daga Rex da aka buɗe a Kano a 1937, kaboyin Amurka ake kallo, daga baya finafinan Indiya suka mamaye, kamar yadda manyanmu a nan Kwatano suka sha kallon su a Vog da Concorde. Bahaushe dai ko ya ga kansa ana koya masa wanke hannu, ko kuma bai ga kansa ba sam.

Cikin wannan gida Adamu Halilu ya koyi sana'a. Ya yi karatun rubuta labarin fim da haɗa hotuna a Landan da birnin Rum, ya yi aiki a sashen fim na gwamnatin Jihar Arewa, kuma hannunsa ya shiga finafinan ilmantarwa kusan 70. A 1963 ya yi Mama Learns a Lesson, wanda sunansa kaɗai ya isa ya nuna irin aikin, uwa ce za a koya wa darasi. A 1971 aka yi Child Bride. Kada mai karatu ya raina waɗannan shekaru. Wanda ya yi shekara da shekaru yana ɗaukar hoton manoma da ungozomai da masu unguwanni ya san yadda dattijo ke zama a zaure, ya san tsawon gaisuwa kafin a shiga magana, ya san lokacin da Bahaushiya ke sunkuyar da kai maimakon ta amsa. Marubucin littafi yana da damar ya ce wance ta yi baƙin ciki, ya wuce. Marubucin fim ba shi da wannan dama. Dole ya nemo abin da ido zai gani ko kunne zai ji, ya tsara wa zai shigo, me zai ce, a ina za a yanke. Shekarun majigi su suka ba shi wannan ido, ko da yake labaran da yake bayarwa a lokacin na hukuma ne.

Labarin da zai zama nasa ya girme shi da shekara biyu. A 1933 wani Bature, Dokta Rupert East na Hukumar Fassara da ke Zariya, ya sa gasar rubuta ƙagaggun labarai da Hausar boko. Littattafai biyar suka fito daga wannan yunƙuri: Ruwan Bagaja na Abubakar Imam, Ganɗoki na Bello Kagara, Idon Matambayi na Muhammadu Gwarzo, Jiki Magayi na John Tafida tare da East, da Shaihu Umar na wani matashin malamin makaranta daga Bauci mai suna Abubakar. An buga shi a 1934. Malamin nan shi ne Abubakar Tafawa Ɓalewa, wanda ya zama Firayim Ministan Najeriya.

Ga yadda labarin yake a taƙaice. Wani mashahurin malami ne a Rauta, kusa da Bauci, almajiransa suka tambaye shi asalinsa, ya zauna ya ba su. An haife shi a Kagara, ubansa ya rasu yana ƙarami, uwarsa ta auri wani bafade mai suna Makau. Sarki ya tura hari don kamo bayi, bayan an dawo 'yan'uwansa fadawa suka yi wa Makau sharri, aka kore shi daga gari. Uwar ta tafi Fatika ganin iyayenta ta bar yaron a hannun amana, kafin ta komo an sace shi. Daga hannu zuwa hannu har ya faɗa Kano, inda wani Balarabe ɗan kasuwa, Abdulkarim, ya karɓe shi ya ƙetare hamada da shi zuwa ƙasar Masar. Can ya riƙe shi kamar ɗan cikinsa, ya sa shi makaranta, har ya zama malami kuma limami. Uwar kuwa ta bi sawun ɗanta, aka yaudare ta, ita da take 'ya aka mai da ita baiwa, aka bi da ita ta Murzuk har Tarabulus. Umar ya yi mafarkinta, ya tashi nemanta. A littafin sun sadu a Tarabulus bayan wahala ta gama cinye ta, ba ta daɗe ba ta cika. A hanyar komowa guguwar rairayi ta binne ayarin, shi ya tsira, ya ƙare a Rauta yana karantarwa.

Mai karatu ya dubi shekarar da aka buga wannan littafi. Dokar Turawa ta ce duk wanda aka haifa bayan 31 ga Maris 1901 ɗa ne, amma ba a soke bauta gaba ɗaya a dokar Arewacin Najeriya ba sai 1936. Ashe lokacin da Malam Abubakar ke rubutu, akwai mutane a raye da har yanzu sunan bayi ke kansu, akwai iyayengijinsu, akwai tsofaffin da suka je hari da ƙafarsu. Masana tarihi sun ƙiyasta cewa a ƙarshen ƙarni na 19 bayin da ke cikin Daular Sakkwato sun kai tsakanin miliyan 1 da miliyan 2 da rabi. Labarin Umar labarin maƙwabta ne ga waɗanda suka fara karanta shi.

An kashe Tafawa Ɓalewa a juyin mulkin Janairun 1966. A 1967 Mervyn Hiskett ya fitar da fassarar littafin da Turanci. Daga nan Umaru Ladan da Dexter Lyndersay, waɗanda suka haɗu a Jami'ar Ahmadu Bello ta Zariya, suka mai da shi wasan kwaikwayo na dandali, aka buga a 1975. Shi Lyndersay mutumin Tirinidad ne, ɗaya daga tsibiran da jiragen bayi suka cika da 'yan Afirka. Lokacin nan Najeriya na shirin karɓar bikin al'adun baƙar fata na duniya, FESTAC, wanda aka yi a Legas daga 15 ga Janairu zuwa 12 ga Fabrairun 1977. Gwamnatin tarayya ta ɗauki nauyin fim ɗin. Adamu Halilu ya zauna da Umaru Ladan suka tsara labarin, Halilu ya ba da umarni, Ladan ya fito a matsayin Shaihun. Tsawonsa minti 142, kuma da Hausa aka yi shi.

A dubi waɗanda suka yi dakon wannan labari: malami daga Bauci, mai fim daga Adamawa, malamin wasa daga tsibirin da ke bayan teku. Wannan kaɗai darasi ne ga duk mai zaton Hausa ta tsaya a bakin ganuwar birane bakwai. A dubi kuma abin da aka zaɓa a nuna. Baƙi sun taru daga Afirka da Amurka da Birazil da tsibiran Karibiyan, da yawansu jikokin waɗanda aka sayar ne. Da an so, da an nuna musu dawaki da algaita kawai, tun da an yi gagarumin hawan daba a Kaduna cikin wannan biki. Sai ga fim da harshenmu yana cewa a ƙasarmu ma an kai hari, an kama, an sayar, kuma masu yin haka suna salla. Ranar wanka ba a ɓoyon cibi.

Ƙashin bayan labarin shi ne zaman farko, inda almajirai ke tambayar malaminsu. Halilu ya riƙe wannan tsari na littafin, ya buɗe fim ɗin da shi. Mutum ne da ya kai matsayin da ba mai iya tilasta masa magana. Da ya ce shi sharifi ne daga gabas, da an yarda, don harshensa da karatunsa za su shaide shi. Amma ya ce shi ɗan talaka ne, an sace shi, ya bi ta hannun masu bayi. Wanda ya tashi a majigi, inda ake tsayar da ɗan ƙasa a matsayin jahili, yanzu ya zaunar da malami baƙar fata a kan buzu, shi ne mai bayani, ba tafinta a gefe. Wannan sauyi shi ne babban abin da Adamu Halilu ya yi a rayuwarsa ta fim.

Masu nazari sun daɗe suna ja-in-ja kan labarin. Wasu na cewa ya yi wa bauta kwaskwarima, tun da Abdulkarim mutumin kirki ne kuma yaron ya ƙare da ɗaukaka, kamar ana cewa ƙaddara ce ta kai shi ga alheri. Maganarsu tana da tushe, amma sun manta da uwar. Hanya ɗaya ce ta kai ɗan ga ilmi, ita ce kuma ta kai uwar ga ƙangi. Musulma ce, 'ya ce, ba a kama ta a yaƙi ba, laifinta kawai neman ɗanta. Duk wanda ya zauna gaban malamai ya san hukuncin wannan. Tun a 1615 Shaihu Ahmad Baba na Tambutu ya rubuta amsa ga masu tambaya daga arewacin hamada, cikin littafinsa Mi'irajus Su'ud, ya bayyana cewa baƙar fata ba hujjar bauta ba ce, ya ambaci Kano da Katsina da Barno da Songhai cikin ƙasashen Musulmi da bai halatta a mallaki mutanensu ba. Cikin abubuwan da suka kai Shehu Usmanu ɗan Fodiyo ga hijira zuwa Gudu a 1804 akwai kamun da mayaƙan Gobir suka yi wa jama'ar Malam Abdussalami na Gimbana. Hadisai ingantattu sun yi gargaɗi mai tsanani ga wanda ya sayar da ɗa ya ci kuɗinsa, da wanda ya raba uwa da ɗanta a wurin ciniki. Duk da haka an yi, kuma an ci gaba da yi bayan jihadi. Labarin Shaihu Umar bai tsaya yana zagin kowa ba. Ya ajiye ɗan a gefe, ya ajiye uwar a gefe, ya bar mai kallo da lissafinsa.

Bayan shekara biyu, a 1978, Halilu ya juya ga ɗaya fuskar tarihi da fim ɗin Kanta of Kebbi. Muhammadu Kanta jarumi ne na ƙarni na 16. Ya raka Askiya Muhammadu na Songhai yaƙin Agadas, suka saɓa kan rabon ganima wajen 1516, ya ɓalle, ya kori rundunar da aka aiko masa, ya kafa daular Kabi da birninta Surame, wanda kufansa da ragowar ganuwarsa ta dutse ke nan har yau a ƙasar Sakkwato. Mu da yawancinmu muka sha bin hanyar Paraku da Kandi da Malanville zuwa Gaya da Kamba mun san Kabi ba nesa take ba, maƙwabciyar Dandi ce. In aka jera finafinan nan biyu sai a ga nufin mai su. Ɗaya sarki ne da ya ƙi a mallake shi, ɗaya yaro ne da aka mallaka. Al'ummar da ta riƙe Kanta ta yar da Umar za ta cika da alfahari marar tausayi. Wadda ta riƙe Umar ta manta Kanta kuwa za ta ɗauka tun asali ita abar tausayi ce. Halilu ya ba mu su duka.

A 1979 gwamnati ta kafa Hukumar Finafinai ta Najeriya, kuma shi aka fara damƙa wa ragamarta. Ya ƙara yin Moment of Truth a 1981 da Zainab a 1982. Daga nan zamani ya juya. Irin fim ɗin da ya iya, na faifai mai tsada da ake kaiwa ƙasashen waje a wanke, ya gagari kowa bayan karyewar darajar naira daga 1986. Gidajen silima suka riƙa rufewa. Kaset ɗin bidiyo ya shigo, a 1990 ƙungiyar Tumbin Giwa ta Kano ta fitar da Turmin Danya, wanda ake ƙirga shi mafarin finafinan Hausa na yanzu. Kasuwar ta bunƙasa da soyayya da waƙa, don su ne ke mai da kuɗi da wuri. Fim na tarihi yana son dawaki da raƙuma da tufafin da da dogon bincike, ɗan kasuwa kuwa ba ya jira. Alhaji Adamu Halilu ya rasu a 2001, a lokacin da finafinan Hausa suka cika kasuwanni daga Kano har Dantokpa, amma nasa babu shi a cikinsu.

Shekaru da dama ana ɗaukar Shaihu Umar a matsayin fim da ya ɓace. Ana karanta sunansa a littattafan masana, ba a ganin sa. Sai a 2016 aka gano faifansa cikin gwangwanaye a ma'ajiyar hukumar finafinai, bayan wani mai fim kuma mai bincike, Didi Cheeka, ya shiga tonon tsofaffin ɗakunan sashen fim na zamanin Turawa a Legas. Cibiyar Arsenal ta birnin Balin ta gyara shi ta mai da shi na kwamfuta, aka nuna shi a bikin finafinai na Balin a Fabrairun 2018. Mu yi godiya ga waɗanda suka yi wannan aiki, amma mu ji kunyar abin da ya nuna. Ba yaƙi ne ya ci fim ɗin ba, ba gobara ba. An ajiye shi ne aka rufe ƙofa aka manta. Labarin yaron da ya ɓace ya dawo daga ƙasar nesa, shi kansa sai da ya ɓace ya dawo daga ƙasar nesa.

To, ina ruwan Zangon Kwatano da wannan? Shaihu Umar ya bi hanyar arewa, ta hamada. Akwai hanyar kudu, kuma a bakinta muke zaune. Fataken goro sun yi ƙarnuka suna tasowa daga Kano da Katsina, su ƙetare Kwara, su bi ta Nikki da Jugu da Sansanin Mango zuwa Salaga a ƙasar Gwanja. Suna kai kanwa da baƙin tufafi da fatu, su komo da goro, kuma cikin abin da ayari ke kora har da mutane. Wasu daga cikin waɗannan mutane an karkata da su kudu zuwa bakin teku. Yaƙe-yaƙen farkon ƙarni na 19 sun ƙara yawan Hausawan da aka loda a jiragen ruwa daga Wida da Porto-Novo da Badagiri da Legas. A Bahiya ta ƙasar Birazil sun yi yawan da har hukuma ta gano shirinsu na tawaye a 1807, suka kuma tashi a 1809 da 1814. A Janairun 1835, cikin watan azumi, Musulmin birnin Salbado suka yi babban boren da ake kira na Male, yawancinsu Yarabawa tare da wasu Hausawa. 'Yan sanda sun sami layu da rubutun Larabci a jikin waɗanda aka kashe. Bayan haka aka koro da yawa, wasu suka komo da kansu, suka zauna a Wida da Agwe da Porto-Novo. Babban masallacin Porto-Novo mai ginin Birazil shaida ne da ke tsaye.

Akwai ma wanda za a kira Shaihu Umar na hanyar kudu, kuma shi ba ƙagagge ba ne. Sunansa Muhammadu Gardo Baƙuwaƙuwa, kamar yadda Turawa suka rubuta shi Baquaqua. An haife shi a Jugu, cikin ƙasar nan tamu, a gidan Musulmi 'yan kasuwa, mahaifiyarsa Bakatsiniya ce. An kama shi, aka gangaro da shi bakin teku ta yankin Wida wajen 1845, aka kai shi Farnambuko a Birazil. A 1847 jirgin da yake bauta a ciki ya tsaya a New York, ya tsere. Ya zauna a Haiti inda ya shiga addinin Kirista, ya yi karatu a Amurka, aka buga tarihin rayuwarsa a Detroit a 1854. Burinsa ya komo gida, har ya ƙetara Ingila yana neman hanya, a can labarinsa ya yanke a 1857. Umar na littafi ya sami mai riƙo na kirki, ya tsira da addininsa da harshensa, ya ga uwarsa ko da sau ɗaya. Ɗan Jugu bai sami wannan rangwame a rubutaccen tarihinsa ba. Daga Jugu zuwa nan tafiyar yini ɗaya ce a mota, amma yaranmu nawa suka taɓa jin sunansa?

Haka nan in an zo maganar yadda zangunan bakin teku suka cika, ba fatake da malamai da mahauta kaɗai suka cika su ba. A Legas, rundunar da Gwamna Glover ya kafa a 1863 da sunan Hausawa, da yawan mutanenta bayi ne da suka gudu daga iyayengijinsu. A nan Dahome, Faransawa sun yi amfani da bataliyar da suka kira ta Hausawa a yaƙinsu da Sarki Behanzin a 1892. Wannan ma tarihinmu ne, ko ya yi daɗin ji ko bai yi ba. In ba mu ba da shi ba, wani zai bayar yadda ya fahimta. Labarin Sarauniya Mangu ta Lugu, wadda ta tari rundunar Voulet da Chanoine a 1899, Abdoulaye Mamani na Nijar ne ya rubuta shi da Faransanci a 1980, Med Hondo ɗan Muritaniya ya mai da shi fim a 1986, a Burkina Faso aka ɗauke shi, ya ci babbar kyautar FESPACO a 1987. Aiki ne mai daraja, amma jikokin mutanen Lugu sai an yi musu fassara kafin su ji kakarsu.

Abin da ya sa na tsawaita shi ne, maganar asali ba ta mutu a cikinmu ba. Tana kwance ne, sai ranar neman aure ko ranar naɗin sarauta ko ranar faɗa ta tashi. A nan ake raɗa cewa gidan su wane ba 'ya'ya ba ne, a hana yaro mai ladabi da sana'a yarinyar da yake so saboda abin da aka yi wa kakan kakansa. Wanda aka zalunta shi ake yi wa gori, wanda ya yi zaluncin kuwa jikokinsa na tinƙaho. Shirun da muke yi bai kashe gorin ba, ɓoye shi kawai ya yi. Malamin Rauta ya nuna wata hanya: ya faɗi komai da bakinsa a gaban almajiransa, kuma ba abin da ya ragu daga girmansa.

Saboda haka ina roƙon matasanmu abu biyu. Na farko, ku nemi littafin Shaihu Umar ku karanta, ƙarami ne, zama biyu ya isa, ku kuma nemi ganin fim ɗin tun da Allah ya sa ya dawo. Na biyu, wayar da ke aljihunku ta fi ƙarfin kayan da Adamu Halilu ya fara aiki da su. Ku durƙusa gaban tsofaffinmu maza da mata, musamman mata, don su ne ma'ajiyar zuriya. Ku nemi izininsu, ku tambaye su wa ya fara zuwa, ta wace hanya, da wace sana'a, wa aka bari a baya. Abin da suka ce a sakaya, ku sakaya. Abin da suka yarda a ajiye, kada ya tsaya a waya ɗaya da za ta faɗa ruwa gobe. A rubuta shi, a yi kwafi, a ajiye a gidan mai unguwa da wurin limamai, tare da tsofaffin wasiƙun ajami da ke cikin akwatunan kakanninmu kafin gara da danshin teku su gama da su. Gwamnati mai kuɗin mai ta manta da fim ɗinta a ɗaki har shekaru masu yawa, balle mu da muke 'yan tsiraru a ƙasar da yaranmu ke karatu da Faransanci, suna ciniki da Fon da Yarabanci. Waiwaye adon tafiya ne, in ji magabata, amma sai da abin da za a waiwaya a gani.

Allah ya jiƙan Alhaji Adamu Halilu da Alhaji Abubakar Tafawa Ɓalewa. Allah ya jiƙan iyayen da aka raba da 'ya'yansu, waɗanda suka bi hamada da waɗanda suka bi teku, waɗanda aka san sunansu da waɗanda ba wanda ya riƙe. Allah ya ba mu ikon faɗa wa 'ya'yanmu gaskiya.